Harƙiya a Ƙofar Gida

Baba ya zo mana nan ƙasar Turawa ne, garin Upper Marlboro, don a cire masa yanar ido. An yi wa na dama aiki, likita ya ce sai ya warke sarai kafin a taɓa na hagu. A wannan jiran ne zaman ya ishe shi. Mutumin da ya yi rayuwarsa a gona, ga shi an ajiye shi a kujera da rimot a hannu, jikoki suna amsa masa gaisuwa da Turanci. Ya fara cewa ido ɗaya ma ya ishe shi ganin hanyar masallaci, a nema masa jirgi. Ni kuwa na san in ya tafi ba zai dawo ba, idon hagun ya tafi ke nan.

Lokacin zafi ya fara ja baya, lokacin da kowa a layinmu yake gyaran ciyawar ƙofar gidansa. Tamu duk wata ciyawa mai yaɗo ta cinye ta, wadda maƙwabta suke ambata kamar suna ambaton ɓarawo. Sai an tuge ta kafin a watsa sabon iri a kan tsohuwar. Na ce to, ga abin da zai riƙe min Baba.

Da safe zan fita aiki na ce masa, "Baba, don Allah a taimaka mana da filin nan. A cire banzar, a bar mai kyan."

Ya leƙa ta taga, ya ce, "Uwata, je ki abinki." Haka yake kirana, don sunan mahaifiyarsa gare ni.

Da la'asar na dawo, na kasa fitowa daga mota. Rabin filin ya zama ƙasa tsirara. Siririyar ciyawar da maigidana ya shekara yana lallaɓawa tana tare a gefe, tuli guda. Mai yaɗon nan kuwa an bar ta tsaf, har an yi mata huɗa. Baba yana tsaye da ƙaramar fartanyar lambu, gumi ya jiƙe masa taguwa, fuskarsa fal murna.

"Kin san abin da Allah ya ba ku a nan kuwa?" in ji shi. "Harƙiya ce fa! Wadda muke yanko wa raguna. Har ƙasar nan ta biyo ku, kuka bar waccan siririyar tana matse ta."

Raina ya ɓaci, har na buɗe baki. Sai na tuna ni na ce a bar mai kyau, kuma a wurin Baba ciyawa mai kyau ita ce wadda dabba za ta ci ta yi ƙiba. Dariya ta ƙwace min. Na yi masa bayani cewa harƙiyar ce ake yaƙi da ita, siririyar kuwa sayen irinta ake yi a buhu.

"Saye? Wa yake cinta?"

"Babu. Kallo ake yi."

Ya daɗe yana girgiza kai, yana salati. Maigidana da ya dawo ya ga ɓarnar, ya haɗiye abin da ya haɗiye, ya ce, "Sannu da aiki, Baba." Har yau ina ganin girmansa kan wannan.

Washegari muka shiga tugar harƙiya tare, Baba yana yi yana mita. Muka karce ƙasa, ya karɓi buhun iri ya ce mu ba mu iya watsi ba. Safe da yamma shi ke ban ruwa, yana korar tsuntsaye da hula. Da na yi masa maganar jirgi don in gwada shi, sai ya harare ni da idon nan mai lafiya.

"Ni na ɓata, ni na shuka. Ina za ni ban ga tsiro ba?"

Haka ranar aikin ido na biyu ta same shi a gidanmu. Na ji daɗin kwanakin nan ƙwarai, ban taɓa samun Baba kusa da ni haka ba tun ina ƙarama.

Ranar da aka cire masa bandeji, muna sauka daga mota ya nufi filin. Tsiron ya fito, kore shar, siriri kamar gashin jariri. Ya dube shi da kyau, ya ce ko akuya ba za ta tsaya a kansa ba. Sannan ya juyo gare ni. Ɗankwalina ya ɗan zame, ya tsaya yana kallon goshina.

"Uwata," ya ce a hankali, "ashe har kin yi furfura ban gani ba."