Malam Kura, Malamin da Aka Cire wa Ƙugiya

Haihuwarsa da Nasabarsa

An haifi marigayi malamin kimiyya, wanda jama'a suka laƙaba wa suna Malam Kura bisa zalunci, a shekarar 1948 a wani ƙaramin gari da ke bakin layin dogo. Mahaifinsa mai gyaran agogo ne a wata rumfa da ke daura da tasha, mahaifiyarsa kuwa tela ce da ke ɗinki a cikin gida, kuma shi ne na uku cikin 'ya'yansu bakwai. Waɗanda suka san shi tun yarinta sun shaida cewa a wurin mahaifinsa ya gaji tsantseni a kan ƙananan abubuwa, domin dattijon ba ya yarda a kira ƙusar agogo ƙarama, komai ƙanƙantarta.

Karatunsa da Fara Aiki

Ya shiga makarantar firamare a shekarar 1955, ya wuce kwalejin horon malamai a 1963, ya kammala da sakamako mai kyau a 1968. A shekarar da ta biyo baya aka tura shi koyar da kimiyya a wata makarantar sakandare, inda ya tarar da wani kabad a ɗakin karatu wanda makullinsa ya ɓata tun kafin zuwansa. Da ya sa kafinta ya ɓalle shi, sai ya samu littattafai goma sha ɗaya cikin harsunan waje, dukkansu a kan asalin rana da duniyoyin da ke kewaya ta. A cikinsu ya karanta bayanin masana cewa kimanin shekaru biliyan huɗu da rabi da suka shuɗe, wani makeken gajimare na ƙura da iskar gas ya yi ta juyi yana matsewa, har tsakiyarsa ta yi zafi ta zama rana, ragowar ƙurar kuma ta dunƙule ta zama duniyoyi. Abin ya burge shi matuƙa, kuma ya ɓata masa rai, domin ɗalibansa ba su da ko shafi ɗaya na wannan ilimi a harshen da suke tunani da shi.

Aure da Iyali

A shekarar 1974 ya auri wata ma'aikaciyar jinya da ke aiki a asibitin garin, kuma ita kaɗai ce matarsa har ƙarshen rayuwarsa. Allah ya azurta su da 'ya'ya biyar tsakanin 1975 da 1988. Maiɗakinsa takan yi masa ba'a a gaban baƙi cewa 'ya'yansa shida ne, na shidan kuma shi ne ya ƙi yaye, tana nufin littafin da ya fara rubutawa a 1976 a kan teburin cin abinci.

Rubuta Littafin

Shekara goma sha bakwai ya yi yana wannan aiki, yana nazari, yana tahƙiƙi, yana ƙirƙiro kalmomin da babu su, yana gwada kowane babi a kan ɗalibansa, duk wanda ba su gane ba ya yage ya sake. Keken rubutun da ya yi amfani da shi ba shi da haruffa masu ƙugiya, saboda haka bayan ya buga kowane shafi sai ya bi shi da alƙalami yana sa wa kowane harafi ƙugiyarsa. Ya buɗe littafin da godiya ga Mahalicci, ya bayyana cewa nufinsa shi ne nuna yadda masana suka fahimci tsarin halitta, sa'an nan ya sa masa suna Daga Ƙura Zuwa Duniyoyi. Ya kammala shi a 1993, shafi ɗari biyu da goma sha huɗu.

Ɗab'in 1995

A shekarar 1995 wata maɗaba'a ta karɓi littafin, daidai lokacin da ta yi watsi da tsofaffin haruffanta na ƙarfe ta koma amfani da kwamfuta, wadda kuma ba a tanadar mata haruffa masu ƙugiya ba. Da aka aiko masa da shafukan gwaji ya ga babu ƙugiya ko ɗaya, sai ya bi su da jan biro daga farko zuwa ƙarshe, ya kai wa manajan maɗaba'ar hannu da hannu. Manajan, wanda bai ko ɗaga kai daga takardun gabansa ba, ya ce masa, “Haba Malam, 'yar wannan lanƙwasar? Ai kowa ya san abin da ake nufi.” Daga baya ma'aikatan wurin sun tabbatar cewa shafukan da ya gyara ba su bar aljihun teburin manajan ba.

Haka aka buga kwafi dubu biyu. Kalmar ƙura ta zo sau ɗari uku da tamanin da shida a cikin littafin, kuma a kowane wuri kura aka buga. Mai karatu ya karanta cewa kura ta yi ta juyi har ta yi zafi, cewa rana ta haɗiye mafi yawan kurar, kuma duniyarmu daga ragowar kura ta samu. Abin takaicin da ya fi wannan shi ne mai zanen bango, wanda ba a ba shi komai ba sai sunan littafin a kan wata 'yar takarda, ya zauna ya zana kura tana tsaye a kan tudu tana hangen taurari, kuma babu wani mahaluƙi a maɗaba'ar da ya ga dalilin tambaya.

Abin da Ya Biyo Baya

A 1996 kwamitin tantance littattafan makarantu ya mayar masa da littafin tare da wasiƙa mai layi uku, inda aka ce gurbin tatsuniyoyi ya cika a wannan shekara. Mutum tara ne a kwamitin, dukkansu masu digiri, kuma da ɗayansu ya buɗe ko da shafi na biyu ne, da ya ga jadawalin nisan duniyoyi daga rana. A wannan shekarar ce iyayen yara suka kira taro a makarantarsa, wani mahaifi ya ɗaga littafin sama ya ce, “Mu dai ba mu kawo 'ya'yanmu a koya musu cewa kura ce ta haifi duniya ba.” Marigayin ya miƙe da alli ya rubuta kalmomin biyu a allo, ya nuna bambancinsu, amma dariya ta hana a ji shi. Shugaban makarantar, wanda ya san gaskiyar maganar sarai domin shi ya karanta rubutun asali ya yaba, ya zaɓi zaman lafiyarsa, ya cire shi daga aji ya mayar da shi mai kula da ɗakin ajiyar kayan gwaji. Tun daga ranar sunan Malam Kura ya bi shi, har ya kasance masu sayar masa da kaya a kasuwa ba su san yana da wani suna ba.

Ya nemi maɗaba'ar ta sake buga littafin, ta ƙi. Ya nemi ta buga takardar gyara ko da shafi ɗaya ne, ta ce babu haruffan da za ta buga gyaran da su. A ƙarshe ta zuba masa kwafi dubu ɗaya da ɗari bakwai da suka rage a cikin kwalaye ta ce ya kwashe, domin sun tare mata wuri.

Shekarunsa na Ƙarshe

Daga 1996 har zuwa rasuwarsa, aikin da ya sa a gaba shi ne mayar da ƙugiyoyin da hannu. Bai tsaya ga kalmar ƙura kaɗai ba, ya bi duk harafin da aka yi wa ƙwange, kimanin dubu goma sha ɗaya a kowane kwafi, ya kuma liƙe bangon da farar takarda ya rubuta sunan daidai. Kwafi ɗaya kan ci masa mako guda. Duk wanda ya gama sai ya kai shi kyauta ga wata makaranta, kuma an samu makarantun da suka ɓare farar takardar saboda a ganinsu hoton ya fi jan hankalin yara. Sau uku ya aika wa kwamitin da kwafin da ya gyara, a 1999 da 2004 da 2011, bai samu amsa ko sau ɗaya ba. Ya yi ritaya a 2004, idonsa ya fara rauni a 2013, amma ya ci gaba da gilashin ƙara girman rubutu har ya kammala kwafi dubu ɗaya da tara.

Rasuwarsa

Allah ya yi masa rasuwa a safiyar wata Talata cikin shekarar 2019, yana da shekara saba'in da ɗaya, bayan gajeriyar jinya, kuma an yi jana'izarsa bayan azahar a maƙabartar da ke bayan tasha. Kwana tara bayan haka kwamitin da ya yi shekaru bai amsa masa ba ya aiko da takardar ta'aziyya, yana yaba wa gagarumar hidimar da marigayin ya yi wajen raya tatsuniyoyi da labaran dabbobi. Babban ɗansa ya karanta ta a gaban mahaifiyarsu, ita kuma ta ce, “Ninke ta ka mayar musu. Ka ce mutumin da suke wa ta'aziyya ba a gidan nan ya zauna ba.”

Ya rasu ya bar mata ɗaya da 'ya'ya biyar: babban ɗansa, injiniyan ruwa, mai bi masa, malamar lissafi, na uku, direban jirgin ƙasa, ta huɗu, mai haɗa magunguna, da autarsu, wadda ke karatun shari'a. Ya bar jikoki goma sha huɗu, da kwafi ɗari shida da casa'in da ɗaya a cikin kwalaye a ɗakinsa, waɗanda har yau kura ce a cikinsu. Allah ya jiƙansa, ya bi masa hakkinsa.