Lorna da 'Yar Mista Tibbs

Lorna Vasko mai dafa wa yara abinci ce a wata firamare a garin Erie, har ranar da ƙanwarta ta aika sunanta wani shirin talabijin don tsokana. A shirin, tara mutane ake yi a tsohon gida, a shirya kisan ƙarya, wanda ya riga kowa gano mai laifi shi ne gwani. Lorna ba ta da surutu, amma akwai ido. Ita ta lura takalmin wanda ya fito a matsayin mai lambu a bushe yake, alhali ya ce cikin ruwan sama ya dawo. Ta cinye gasar.

Daga nan sai gayyata ta ko'ina. Ta yi wani shirin a jirgin ruwa, ta yi wani a otal, ta ajiye girki. In ta shiga kanti, sai mai kantin ya ce, "Sarauniyar bincike, zo ki gano min wanda ya cinye biskit ɗina."

Wata Lahadi bayan an tashi daga coci, wani dattijo, Mista Odell Tibbs, tsohon direban bas, ya tare ta a bakin motarta. 'Yarsa Renita ta fita sayen madara shekarun baya, ba ta dawo ba.

"Baba, abin nan wasa ne fa," in ji Lorna. "Ma'aikata ke ajiye mana alamu inda za mu gani. Gawar ma tashi take yi ta sha kofi."

"Na sani, 'yata. Amma ke kina dubawa. 'Yan sanda sun daina."

Ta kasa ce masa a'a. Suka bi titin da Renita ta bi. Kantin madarar ya koma shagon wayoyi, yawancin maƙwabta sun tashi. Wata tsohuwa ta ce jar riga yarinyar ta sa, mijinta ya rantse shuɗiya ce. Lorna ta duba har idonta ya yi yaji, ba ta ga komai ba sai titi.

Sai ta roƙi masu shirin su nuna fuskar Renita, ko wani zai gane ta. Suka zo da kyamara, suka ɗauki dattijon yana kuka a kicin ɗinsa. Bayan wani lokaci shugaban shirin ya kira ta.

"Lorna, labarin ba shi da ƙarshe. Me za mu nuna wa mutane?"

Ba a taɓa nuna labarin a talabijin ba. Lorna ma a hankali aka daina gayyatarta, an sami sababbin fuskoki.

Mista Tibbs bai daina zuwa ba. Yanzu ba ya iya tuƙi, ita ke ɗaukarsa. Da ya zauna ya ɗaura bel, sai ya ce, "Yau ina muka nufa?" Ita kuwa ta ambaci sunan wata unguwa da ta san sun riga sun zagaye, ta tada mota.