Tatsuniyar da Goggo Hajara Ta Yi da Rana

Shekara ashirin ke nan da rasuwar Goggo Hajara, yayar mahaifina, Allah Ya jiƙanta. Na karanta ƙissoshi da dama a ajami, amma ban ga wanda ya kai ta iya labarin 'yan'uwa ba.

Ba a daɗe da samun mulkin kai ba, mahaifina da ƙanensa, Baffa Isa, suka saɓa a kan wata ɗorawa da ke iyakar gonakinsu a Kusasu. Aka raba tukunya, aka ja danga a tsakar gida. Harshe da haƙori ma sukan saɓa, amma su har gaisuwa ta gagara, muna gani gidan zai watse.

Ran sussukar dawa, gayya ta haɗa su a inuwa ɗaya. Sai Goggo ta ce, "Ga ta nan, ga ta nanku." Kowa ya juyo yana kallonta, domin a wajenmu mai yin tatsuniya da rana ɓata yake yi a daji.

Baffa ya ce, "Yaya, rana ce fa."

"Ina ruwanka, Isa? Tun da kuka ja dangar nan ai na ɓata."

Ta kawo labarin maharba biyu, uwa ɗaya uba ɗaya, da suka tarar da kibiyoyinsu a jikin barewa ɗaya. Babban ya tuna shi ya goya ƙaramin, ƙaramin ya gaji da zama yaro har da furfura. Kowanne ta ba shi hujjarsa, sannan ta tsaya a nan. Muka ce, "Sai aka yi yaya?"

"Ga su nan zaune, ku tambaye su."

Ba su shirya ba. Kafin damina Baffa ya kwashe iyalinsa ya koma Kazage.

Yanzu nakan saurari wasannin rediyo a kan rigimar gida. Kullum akwai mugu, akwai wanda aka zalunta, a ƙarshe a yafe wa juna. Da tana raye, ina jin cewa za ta yi mai labarin bai taɓa zama da dangi ba.

Ba ta hana gidanmu rabuwa ba. Amma mu da 'ya'yan Baffa muna zumunci har yau, domin duk cikinmu babu wanda ya tashi da yaƙinin cewa ubansa ne mai gaskiya. Allah Ya haskaka kabarinta.