Gemun Fintan Culhane

Fintan Culhane ya rasu ranar Talata, sha ɗaya ga Fabrairu, a bakin teku kusa da garin Lahinch, yana zaune cikin rigar masunci yana jiran a kira shi gaban kyamara. Shekararsa sittin da takwas. Jarida ta ba shi layi huɗu, biyu daga ciki sunayen taurarin fim ɗin da ya taɓa tsayawa a bayansu ne.

Fintan, shekara ashirin da shida ina yi maka kwalliyar fim. A madubina ka zama limamin coci, ka zama ɗan sanda, mai mashaya, uban amarya, gawa har sau tara. Yanzu in na rufe ido sai in gan su suna tafe a kan yashi cikin hazon teku, kowa da irin takunsa, ruwa na shafe sawunsu. Ina dubawa, ba ka cikinsu.

Lokacin da mahaifiyata ke jinyar ajali a Limerick, ka koyi manna wa kanka tabon ƙarya don in tafi, ka rufa mini asiri kwana huɗu. Tabon ya tashi daga kuncin dama ya koma na hagu a tsakiyar fim. Na tayar da hankali, ka ce, "Haba Dervla, wa ke kallona? Ni fa kujera ce mai magana." Har yau ba wanda ya lura, kuma wannan ne ban yafe musu ba.

Fuskarka ba taka ba ce. Darakta ya ce a bar gemu, a bar shi wata biyar. Da gemu da gashin bakin sojan Ingila ka aurar da 'yarka. Matarka Nuala ta ce rabonta da ganin haɓarka tun haihuwar autanku.

Ranar Laraba, kana kwance cikin akwati a falonka, maƙwabta na shigowa da buredi da shayi, sai wani daga kamfanin fim ɗin ya bugo waya. Wai kada a taɓa gemun. Saura fitowa ɗaya a fim ɗin, za su turo mai na'ura ya ɗauki fuskarka, kwamfuta ta ƙarasa. Ya ce, "Shi ma da haka zai so." Abin takaicin, gaskiya ya faɗa. Da kana iya magana da ka ce su zo, har ka tambaya ko kwanciyar ta yi. Haushinka nake ji, Fintan, kusan kamar nasu.

Nuala ta ajiye wayar ta ce, "Dervla, kin zo da reza?"

Na rufe ƙofa, na kaɗa kumfa. A hankali gashin ya riƙa zuba a kan tawul, fari fat, fuskar na fitowa kamar tsibiri in ruwa ya janye. Wani mutum ne da ban taɓa yi wa kwalliya ba. Nuala ta daɗe tana kallo, sannan ta ɗora yatsa a haɓarka.

"Kai, tsohon banza," ta ce. "Ashe ka tsufa a ƙarƙashin nan ban sani ba."

Da wannan fuskar muka binne ka, ba wanda ya ɗauki hotonta.

Allah ya jiƙanka, ya yafe maka, ya karɓe ka da sunanka. Nuala, da ku 'ya'yansa Sorcha, Eoghan da ƙaramin Cathal, Allah ya ba ku haƙuri, ya sa ya huta.

Dervla Hehir, Ennistymon