Abokin Kaka

A unguwar da Magdalene take zaune a Zuru, da shiru aka san ta. Sai ta wuni a gindin darbejiya tana ɓarar gyaɗa, ko tarinta ba a ji ba. Waɗanda suka san ta tun a ƙauyensu Manga kuwa dariya suke yi in an faɗa musu haka, domin a can, in Magdalene ta buɗe baki a bakin rijiya, sai guga ya gaji zancen bai ƙare ba.

Da yarensu na C'lela ta tashi, da shi aka nemi aurenta, mijinta ya yi shekara bakwai yana golmo, wato noman neman aure, a gonar ubanta kafin a ba shi ita. Hausa kuwa a kasuwa ta tsince ta, da girmanta, wajen sayar da dawa. Ta ishe ta ciniki, ta ishe ta gaisuwa. Abu ɗaya ne ya ƙi zama a bakinta: a harshensu ba a raba mace da namiji a magana, don haka a wurinta kowa "shi" ne. Akuya ya haihu. Amarya ya yi kyau.

Shekarar da mijinta ya rasu, gona ta gagari zuwa saboda 'yan bindiga, sai ɗanta Mika ya ɗauko ta ya kawo gari. Mika tsohon soja ne, yanzu yana gadin wani kanti. Matarsa Jessica tana kemis tun safe sai yamma. 'Yarsu Goodness ta haura shekara biyu, ko "Mama" ba ta taɓa cewa ba. A gidan maƙwabta ake barin ta, a jingine mata waya da kofi, ta yi ta kallon katun baki buɗe. An kai ta asibiti, an ce kunnenta lafiya lau. An kai ta addu'a coci biyu.

Ranar da aka danƙa wa Magdalene ita, sharaɗi ɗaya Mika ya gindaya. "Mama, ban da yarenmu. Turanci da Hausa ne za su kai ta gaba."

Abin ya yi mata ciwo, amma wanda ke zaune a gidan wani ba ya zaɓar tabarma. Ta kife wayar, ta ɗauki yarinyar da Hausar kasuwarta.

"Abokina, ka ga kaza? Ina ya tafi?"

Sai ta zuba wa yarinyar ido tana jiran amsa, kamar yadda ake jiran babba. In Goodness ta nuna da yatsa, sai ta tafa. "Haka ne! Ya shiga bayan randa, ɓarawo!" Tana wanki tana ba ta labarin sabulu. Tana tuƙa tuwo tana neman shawararta a kan gishiri. Har tsegumin matan zumunta na coci take kai mata, ta tsaya ta ji ra'ayinta.

Wata huɗu ana haka. Ran nan tana tankaɗe, ta ji an ja mata zane.

"Bokina. Ruwa."

Rariyar ta suɓuce mata, gari ya watse a ƙasa, ba ta ko kalle shi ba.

Daga nan bakin Goodness ya buɗe kamar an fasa tulu. Jessica ta kai godiya coci. Sai dai yarinya abin da ta ji shi take mayarwa. Talatu mai ƙosai, Bakabiyar da ke ƙofar gidan, ita ta fara ganewa.

"Goodness, ina uwarki?"

"Ya tafi aiki."

"Kai jama'a! Tsohuwa, wagga ɗiya mace ta ko namiji na? Kin maishe muna uwa tai uba!"

Magdalene ta rama. "Kai dai ka soya ƙosanka, Talatu, yana ƙonewa."

Aka yi dariya, magana ta wuce. Wadda ba ta wuce ba ita ce ta ranar da Lukuman, abokin Mika na barikin soja, ya kawo ziyara. Ya ɗora Goodness a cinya, ya tambaye ta wa ya sayo mata takalmi.

"Mamana. Shi ne ya saya."

Lukuman ya yi dariya har shayi ya sarƙe shi. "Wallahi jini ba ya ƙarya! 'Yar Matata-Ya-Haihu ce!"

Sunan da aka laƙaba wa Mika ke nan a bariki, tun ranar da ya shigo da gudu yana albishir ɗin haihuwar wannan yarinyar. Sunan ya bi shi har ya tuɓe kaki. Mika ya yi yaƙe, ya raka baƙonsa, ya dawo ya tsaya a kan uwarsa. Da C'lela ya yi mata magana, domin ba su da wani harshen da za su iya faɗa da shi.

"Mama, ni na sha wannan dariyar. Ita ba za ta sha ba."

"Ka hana ni harshen uwata, na yarda. Na aro na mutane, shi ma ka ce ya karkace."

"Ban ce ki daina ba. Ki rage."

"Magana gishiri ce da za a rage?"

Ranar Litinin aka sa Goodness makaranta, daga can ta wuce lesin sai la'asar. In Magdalene ta fara zance da ita a gaban uban, sai ya gyara murya. Tun tana mantawa har ta daina mantawa. Ta koma nuni da haɓa: ga abinci, ga ruwa.

Goodness ta kai shekara bakwai tana Hausa kamar ta rediyo, malamai suna yabo. Wata rana ta dawo makaranta, Magdalene ta ajiye mata dafaffiyar gyaɗa, bakinta ya riga hankalinta.

"Abokina, zo ka ci."

Yarinyar ta tsaya, jaka a baya. "Kaka, ni ba abokinki ba ce. Ni mace ce."

Magdalene ta san gyara ne kawai irin na aji. Ta miƙa mata kwanon, Goodness ta ce na gode, ta shige ɗaki.

Yanzu akwai ƙaninta Aaron, shi Magdalene take goyo. Tana yi masa wanka, tana ba shi kunu a kan lokaci, ƙuda ba ya sauka a kansa. Ya cika shekara biyu a watan jiya, bai ce komai ba. An kai shi asibiti, an ce kunnensa lafiya lau.

Ranar Lahadi bayan coci Mika ya zo gindin darbejiyar ya tsuguna. Ya daɗe yana murza ɓawon gyaɗa a hannu kafin ya yi magana.

"Mama, yaron nan... ki ɗan riƙa yi masa hira mana, irin wadda kika yi wa yayarsa."

Magdalene ta dubi yaron, yana kallon bakinta. Ta dubi ɗanta. Sannan ta ba shi amsa da Hausa, a hankali, tana auna kowace kalma kada ta karkace.

"Da wane baki?"

Ta jawo kwandon gyaɗar, ta ci gaba da ɓara.