Ɗingishin Dodon Japan

Aji biyu na yi a firamare, malamai suka gane ba ni da rabo, suka sallame ni. Amma na taɓa mallakar bidiyo a garinmu Dayi, lokacin da auduga ke da daraja. Kaset ɗin Japan muka fi kallo, inda dodo ke rushe gari, jarumi mai hular ƙarfe ya zo ya kashe shi.

Kowa bayan jarumin yake, ban da matata. Wata Lahadi bayan coci, tana ɓarar gyaɗa, ta ce, "Maigida, mutum ne a cikin dodon nan, kuma gwiwarsa ta hagu na ciwo."

Na ce, "Ke da ko Kano ba ki taɓa zuwa ba, har kin san gwiwar Japan?"

Ta ce, "Na dai san tafiyar namiji mai ƙaryar lafiya."

Daga nan ta riƙa gane shi. In na kawo sabon kaset daga Funtua, ko kada aka mai da shi, ko ƙadangare mai ƙaho, da ya juya sai ta nuna: "Ga mutumina." Muna kallo ya tsufa a cikin rigar roba. Tun yana dirowa daga bene, har ya koma tsayawa a baya yana kaɗa wutsiya. Duk sanda aka kashe shi sai ta ce, "Sannu, bawan Allah, je ka huta."

Da damina matata ta rasu, danshi kuma ya cinye kaset ɗin. Fuskarta ina da hoto. Muryarta ce ke ɓace mini, na kuwa san da zan ga ɗingishin nan, zan ji ta.

Bara na kwatanta wa wani mai gyaran waya a Malumfashi dodannin. Ya yi dariya: "Baba, yanzu kwamfuta ke yi, babu kowa a ciki." Duk da haka ya lalubo mini bidiyon mutumin a wayarsa. Tsoho ne mai furfura, zaune a kujera, yana magana da yarensu, hannunsa a kan gwiwar hagu.

Na ce, "Ba zai tashi ba?"

"Nan ya ƙare, Baba."

Ya tura mini. In na dawo daga gona sai in zauna a tabarmarta in kunna. Tsohon yana gama magana, sai ya dafa kujera, ya sunkuyo gaba zai miƙe. Nan hoton ke tsayawa. Ni kuma in kasa kunne.