Jelani, Wanda Ya Ajiye Mana Garin Inna

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Da hantsin Laraba, 13 ga Agusta, 2025, Allah Ya karɓi ran abokina Jelani Siddiƙu Gidan Dare, mai shirya gajerun finafinai, bayan gajeriyar jinya.

Jelani, lokacin da mantuwa ta fara kama mahaifiyata, Inna Atika, mu 'ya'yanta ɓoye ta muka yi don kunya. Kai kuwa ka zo gidanmu a Dundaye da kyamara, ka durƙusa ka nemi izninta. Duk Juma'a bayan masallaci tambaya ɗaya kake mata: yaya garin da aka haife ta yake? Ba ka taɓa gyara mata zance ba, mu ma ka hana mu. Ran farko ta jero sunayen maƙwabta, da rijiyar ƙofar gida, da tsamiyar da suke gaɗa a gindinta. Da tafiya ta yi tafiya maƙwabtan suka zube daga zancenta, tsamiyar ta bi su. A ɗauka ta ƙarshe murmushi kawai ta yi maka.

Haka ka jera amsoshinta a fim, babu kiɗa, babu rawa. Ranar da ka nuna wa jama'a, ana dab da ƙarewa wani dattijo ya ɗaga murya: "Wai yaushe za a hwara fim ɗin?" Ka fi kowa dariya. Haƙurinka ya sha ba ni mamaki, har na riƙa ce maka Sarkin Jira. Kuma ko ranar da babu ɗauka ba ka fasa kawo mata goro ba.

Jiya na kunna mata fim ɗin, ina tsoron ko garin nan ma ya fita ranta. Ta ƙura wa allo ido, ba ta gane kanta ba. Can sai ta kamo hannuna ta ce, "Wagga mata ɗiyar garinmu ta. Ku bar ta ta hwaɗi, ina son ji." Ta saurari kanta har ƙarshe, tana gyaɗa kai a kan kowane suna. Na yi kuka, Jelani, don babu kai balle in yi maka godiya.

Allah Ya jiƙanka, Ya haskaka kabarinka, Ya sa Aljanna makomarka. Ya ba mahaifanka da matarka Balkisu haƙuri. Inna ba za ta tuna ta yi maka addu'a ba, mu za mu yi a madadinta.